Wasa, Shirya Fim da Tsara Wuri: Yadda Devika Rani Ta Bi Su Ɗaya Bayan Ɗaya

Tambaya: Anti, ni ɗaliba ce a ajin ƙarshe, kuma harkar fim nake son shiga. Na ji an ce akwai wata 'yar Indiya ta zamanin da, Devika Rani, wadda ta yi jaruma, ta yi furodusa, kuma ita ke tsara wuraren da ake ɗaukar fim. Da gaske mutum ɗaya zai iya haɗa ukun nan? In haka ne, ni da wanne zan fara?

Amsa: Ƙanwata, da gaske ne ta yi ukun, amma ba yadda aka ba ki labarin ba. Ba ta haɗa su a baki ɗaya ba, don taura biyu ma ba ta taunuwa, balle uku. Bi da bi ta yi su. Ta fara da tufafi da tsara wuri a 1928, ta fito gaban kyamara a 1933, ta karɓi ragamar kamfani a 1940. Jerin nan shi ne abin da nake so ki riƙe, domin kowane aiki shi ya share mata hanyar na gaba.

An haife ta ranar 30 ga Maris, 1908, a Waltair, gefen Visakhapatnam da ke gaɓar gabashin Indiya. Gidansu gidan boko ne mai wadata. Mahaifinta likita ne mai muƙamin kanar, ya kai matsayin babban likitan yankin Madras, ita kuma Devika jini ɗaya suke da Rabindranath Tagore, marubucin da ya ci kyautar Nobel a 1913. Tana shekara tara aka kai ta makarantar kwana a Ingila. Da gangan na kawo wannan, don kada ki ɗauka daga sama ta faɗo. Ta samu gatan da 'yan mata ƙalilan suka samu a lokacin. Amma gatan bai ɗauke mata surutun mutane ba, domin a Indiya ta wancan zamani abin kunya ne 'yar mutunci ta fito a fim. A 1913, a fim na farko na Dadasaheb Phalke, wanda ake kira uban fim ɗin Indiya, namiji ne ya ɗaura zane ya fito a matsayin sarauniya, saboda an rasa macen da za ta yarda. Wannan kallon da ake yi wa 'yar fim ke ma kin san shi, ba sai na yi miki bayani ba.

Da ta gama makaranta a Landan, ta koyi wasan dandamali da waƙa, ta kuma koyi tsara ɗaki da zanen yadi. Aikin da ta fara ci da kanta da shi ke nan: zana adon da ake bugawa a jikin yadi. A 1928 ta haɗu da Himanshu Rai, ɗan Bengal da ya je Ingila karatun lauya ya ɓuge da shirya fim. Yana shirin wani babban fim marar magana, A Throw of Dice, wanda Bajamushe Franz Osten ya ba da umarni, aka ɗauke shi a Rajasthan da dubban mutane da dawakai da giwaye. Rai bai ɗauke ta don ta fito ba. Ya ɗauke ta ne ta taimaka a ɓangaren tufafi da tsara wuri. Fim ɗin ya fita a 1929, a shekarar suka yi aure, suka zauna Jamus, inda ta samu horo a situdiyon UFA da ke kusa da Berlin, wanda a lokacin babu kamarsa a Turai. A can ta ga yadda ake gina titi sukutum a cikin zaure, yadda ake haska shi, yadda ake kwalliyar da kyamara za ta karɓa.

Bari in daɗe a nan, tunda aikina ne shekara da shekaru, kuma shi ne wanda mutane suka fi jahilta. Mai tsara wuri shi ke da alhakin duk abin da kyamara ta gani wanda ba mutum ba. Bango da launinsa, labule, gado, butar da ke bakin ƙofa, kalandar da ke rataye, motar da ta wuce a bayan jarumi. Shi da mai tufafi da mai ɗaukar hoto suke zama da darakta su yanke yadda duniyar labarin za ta kasance tun kafin a kunna fitila ɗaya. Sunan da ake kiran muƙamin da shi a Turance yanzu ma, wato "production designer", bai samu ba sai a 1939, lokacin da furodusa David Selznick ya laƙaba wa William Cameron Menzies shi a Amurka. Ke nan Devika ta taɓa aikin tun shekara goma sha ɗaya kafin a raɗa masa wannan sunan.

Ga misali daga abin da ya faru da ni. Mun taɓa yin wani fim, labarin bazawara mai 'ya'ya huɗu da ke suyar ƙosai. Furodusa ya samo aron gida, muka isa lokeshan da hantsi. Falo ne mai tayil, kujerun leda, labule ruwan zinariya, talabijin ta cinye rabin bango. Aka ce a ɗauka haka nan, rana na yi. Na roƙi awa biyu. A bayan gidan akwai wani ɗakin ajiya mai ƙaramar taga, muka kwashe buhunan da ke ciki. Na shimfiɗa ledar ƙasa da ta koɗe, na ajiye katifa a ƙasa ba gado. Na jera kwalla uku a kusurwa, waɗanda fentinsu ya ɓare, don a san ta taɓa zama amarya mai jere. Na ɗaura igiyar rataye kaya daga ƙusa zuwa ƙusa, na jingine allon yaro da bango, da sauran tawada a jikinsa. Kaskon suya kuwa wurin mai ƙosai ta bakin layi na aro shi, baƙi ƙirin da maiƙo, don sabo ba zai taɓa yin wannan baƙin ba ko za a kwana ana shafa masa gawayi. Da jarumar ta shigo, sai ta tsaya a bakin ƙofa ta yi shiru. Ta cire takalminta ba wanda ya ce ta cire, ta zauna a gefen katifar ta naɗe ƙafa. Muryar da ta yi magana da ita a sin ɗin nan ba ita ce ta falo ba. Ɗakin ne ya yi mata rabin wasan.

To a zamanin Devika aikin ya fi haka wuya, don fim baƙi da fari ne. Jan zane da koren labule suna iya fitowa toka iri ɗaya, jaruma ta narke a cikin bango. Dole mai tsarawa ya kalli launi ya hango tokar da zai zama. Farin yadi tas yana ƙona hoto a ƙarƙashin manyan fitilu, sai an ɗan dusashe shi. Siliki yana mayar da haske, auduga tana shanye shi. Wadda ta yi aikin zanen yadi ta riga ta san waɗannan a tafin hannunta. Mu ma yau muna da namu: galila tana walƙiya har ta danne fuskar mai sanye da ita, sabuwar shadda tana ƙara a makirfo duk motsin da aka yi, yadi mai ƙananan layuka kuma yana rawa a kyamara.

A nan zan gyara abin da aka gaya miki. Aikin tsara wuri da ta yi da hannunta na wancan fim ne na 1929 da zamanta na Jamus. Da suka kafa nasu kamfanin, wanda ya riƙe sashen gina wurare wani Bajamushe ne, Karl von Spreti, daga 1935 zuwa 1938.  Saboda haka kada ki ce ita ta zana kowane ɗaki a fina-finanta. Abin da ya rage mata daga wancan aiki shi ne ido, kuma idon bai taɓa barinta ba.

Fitowarta ta farko a Karma ne, 1933, wanda aka yi da Turanci da Hindi, ita da mijinta a matsayin jarumai. Jaridun Landan sun yaba mata sosai, amma a Indiya bai yi kasuwa ba. A 1934 suka kafa Bombay Talkies a Malad, wajen birnin Bombay. Kamfani ne na hannun jari, da manyan 'yan kasuwar garin a kwamitin gudanarwa. Yana da zaurukan ɗaukar fim nasa, da ɗakin wanke fim nasa, ma'aikata ɗaruruwa, kowa da albashinsa na wata, har jarumai. Osten ne darakta, Josef Wirsching mai ɗaukar hoto, Niranjan Pal marubuci, Saraswati Devi kuma, ɗaya daga cikin matan farko da suka tsara waƙoƙin fim a Indiya, ita ke riƙe da kiɗa. Suna ɗaukar matasa masu ilimi su koya musu aiki daga tushe. Ashok Kumar, wanda daga baya ya zama babban jaruminsu, a ɗakin wanke fim yake aiki. A 1936, da rigima ta sa aka sallami jarumin da ke fitowa da Devika, shi aka jawo daga can aka tsayar gaban kyamara yana ƙi.

Tsakanin 1935 da 1939 ta fito a fim fiye da goma. Wanda ya fi tashe shi ne Achhut Kanya na 1936, labarin ɗan gidan Brahmin, wato aji mafi daraja a al'adar Hindu, da 'yar mai tsaron mararrabar jirgin ƙasa, daga ƙabilar da al'adarsu ta ce ba a taɓa su. A ƙarshe ta ba da ranta a kan layin dogo. Taɓa wannan batu a 1936 ba ƙaramin ƙarfin hali ba ne. Amma da idon mai tsara wuri na kalle shi, kuma zan gaya miki gaskiya: girarta a gyare take siririya irin ta matan Turai na lokacin, zanenta a ɗaure tsaf, fuskarta ba ta san rana ba. 'Yar ƙauyen da ke ɗebo ruwa ba haka take ba. A wurin nan jarumar da ke cikinta ta rinjayi mai tsarawar da ke cikinta, kuma ba wanda zai iya ce wa matar mai kamfani ta bar girarta ta tofo. Shi ya sa nake cewa wadda za ta fito a fim kada ta zama ita ce mai yanke hukunci a kan kamanninta. Tana buƙatar wani daga waje da zai ce mata, "Hajiya, wannan ɗaurin ɗankwalin ba na mai takaba ba ne."

Sai duniya ta juya. A Satumban 1939 Yaƙin Duniya na Biyu ya ɓarke, Turawan Ingila suka tsare Jamusawan kamfanin. A watan Mayun 1940 Himanshu Rai ya mutu bayan rashin lafiya. Tana da shekara 32, ga takaba, ga ma'aikata na jiran albashi, ga masu hannun jari na jiran riba. Ita ta karɓi kula da shirya fina-finai.

Mu a nan mukan ɗauka furodusa shi ne mai kuɗi kawai. Ba haka ba ne. Furodusa shi ke zaɓar labari, ya ɗauki darakta, ya yanke kwana nawa za a yi, nawa za a kashe, ya kuma san inda fim ɗin zai je bayan an gama. Kuma a nan ne ilimin tsara wuri yake biyan kuɗinsa. Jaruma in ta karanta labari, nata layin take nema. Mai tsara wuri in ya karanta, lissafi yake gani. Ki ɗauka labari mai sin sittin. Zai zauna da biro ya fitar da cewa wurare tara ne, uku na dare, ɗaya na buƙatar ruwan sama, biki ɗaya da ke son mutum ɗari da anko. Zai ce sin goma sha biyu na ɗakin uwargida a haɗa su a kwana biyu, ko da ɗaya a farkon labari yake ɗaya a ƙarshe, don kada a biya kuɗin gida sau uku. Zai ce ofishin nan da asibitin nan ɗaki ɗaya ne in aka sauya labule da kujera. Wannan takardar ita ce uwar kasafin fim. Wanda ya saba rubuta ta ya riga ya yi rabin karatun furodusa, kuma ba a cika cutarsa a kan kuɗin katako da fenti da tela ba.

Ki kuma lura da abin da ta yi da ta hau kujerar. Wadda take fitowa a fim biyu ko uku a shekara, daga 1940 har ta bar harkar fim biyu kacal ta ƙara fitowa a ciki, ɗaya a 1941, na ƙarshe a 1943. Ta san ba za ta zauna gaban madubi ana yi mata kwalliya ba alhali ana jiranta ta sa hannu a takardar biyan ma'aikata.

Kamfanin ya yi kasuwa a hannunta. A wani fim nasu na 1942 aka fara ganin wata yarinya ƙarama mai suna Mumtaz, wadda daga baya ta zama shahararriyar jaruma da sunan Madhubala. A 1943 suka fitar da Kismet, wanda ya shekara fiye da uku ana nuna shi a silima guda a Kalkata. Sai dai a ƙarƙashin nasarar akwai ɓaraka. An raba aikin kamfanin gida biyu, sashe ɗaya a hannun Amiya Chakravarty, ɗaya a hannun Sashadhar Mukherjee, kowane yana fitar da nasa fim. Kismet daga sashen Mukherjee ya fito. A shekarar nan ta 1943 Mukherjee da Ashok Kumar da wasu manyan ma'aikata suka fice suka kafa nasu kamfanin, Filmistan. A ganina, raba gida biyu ana gasa ya kawo fina-finai masu kyau na ɗan lokaci, amma shi ya haifi gaba, domin wanda fim ɗinsa ke ciyar da kamfani ba zai daɗe yana karɓar umarni ba in bai ga rabonsa ya ƙaru ba. Kuma ba na shakkar cewa zamanta mace a kan maza ya ƙara wa wutar mai. Sanin yadi da haske bai magance mata wannan ba. Riƙe mutane wani karatu ne daban, kuma a nan ta sha wuya.

Da babban jaruminta ya tafi, sai ta nemi sabo. Aka kawo mata wani saurayi ɗan Peshawar, Yusuf Khan, ɗan mai sayar da kayan marmari, wanda bai taɓa wasa ba. Ta ɗauke shi a kan rufi 1,250 a wata, ta ba shi sunan fim Dilip Kumar, wanda iyayenmu suka sani a silima. Fim ɗinsa na farko, na 1944, bai yi kasuwa ba, amma abin da ta hango a fuskarsa ya tabbata. Wannan ma ido ne irin na mai tsarawa: kallon abu ɗanye a ga yadda zai fito a allo.

A 1945 ta sayar da hannun jarinta, ta auri mai zane ɗan Rasha Svetoslav Roerich, ta bar fim gaba ɗaya tana da shekara 37. Sun zauna a kwarin Kullu, daga baya suka koma gonarsu ta Tataguni kusa da Bangalore. Bombay Talkies ya ci gaba da jan ƙafa har aka rufe shi a farkon shekarun 1950. Gwamnatin Indiya ta ba ta lambar Padma Shri a 1958, kuma ita ce ta farko da aka ba kyautar Dadasaheb Phalke, mafi girma a fim ɗin ƙasar, ta shekarar 1969. Ta rasu ranar 9 ga Maris, 1994, shekara guda bayan mijinta.

Yanzu ga tambayarki ta biyu. Ki fara da tufafi da tsara wuri. Ba don Devika ta yi haka kaɗai ba, don dalilai na nan gida. 'Yan mata masu son fitowa sun yi yawa, layi ne dogo, kuma mai tsaye a layi ita ake yi wa wulaƙanci da alkawarin banza. Masu iya tsara wuri kuwa ana nemansu ruwa a jallo. A yawancin lokeshan ɗinmu babu ma wanda aka ware wa aikin, mai kwastum ne, wato mai kula da tufafin 'yan wasa, ko yaron furodakshan ake cewa ya ɗan gyara wuri. Shi ya sa kike ganin falon attajiri ɗaya a fim biyar, talaka kuma da agogon da ya fi kuɗin hayarsa. Wadda ta shigo da wannan sana'a a hannunta tana shigowa ne da abin da ake buƙata, ana kiranta da sunan aikinta. Kuma daga bayan kyamara za ki ga jarumai iri-iri suna kuskure suna gyarawa, ki koyi inda ake tsayawa, inda haske ke faɗowa, ba tare da kunyar taki fuskar ba. In wasan na cikin jininki, ba inda zai je.

Kafin komai ki zauna da iyayenki su san inda kika dosa, da yardarsu. Ki shiga ta ƙofa: ki yi rajista da ƙungiyar sana'ar, in a Kano ne kuma da Hukumar Tace Fina-finai. In da hali, akwai makarantar koyon fim ta ƙasa a Jos. Ki nemi wadda ta daɗe a kwastum ki bi ta kina riƙe mata jaka, ko fim uku ne. Ki riƙa ɗaukar hoton kowane sin da wayarki kafin a tashi, don gobe a san wane hannu awarwaron yake da inda shayi ya tsaya a kofi. Duk abin da kika aro ki rubuta shi, mai shi ya gani, ki mayar da shi yadda kika karɓa. Duk kwabon da kika kashe ki ajiye rasit, ko na ƙusa ne. Maganar zuba kuɗinki a fim kuwa, ki bari sai kin rubuta wa wasu takardar lissafin nan sau da yawa, kin ga inda hasashenki ya yi daidai da inda ya kauce.

A wannan makon ma akwai abin da za ki iya yi. Ki sayi littafi mai bango mai ƙarfi da tef ɗin awo irin na tela. Ki je ɗakin kakarki, ki nemi izininta, ki auna shi, ki zana inda gado yake da inda taga take, ki rubuta duk abin da ke ciki har da abin da ke ƙarƙashin gado, ki tambaye ta yaushe kowanne ya shigo ɗakin da wanda ya kawo shi. Sannan ki yi haka a ɗakin wata amaryar bana, da shagon tela na unguwarku. In kin gama ukun, ki aiko mini da hoton shafukan, in duba miki.